Uwar da Ke Jikin Bango

Shekara tara Mai Hoto ta yi tana sayar wa mutane ƙaunar uwa, wankakkiya, a cikin gilashi, har da ƙusar ratayewa kyauta. Shagonta ɗaki ɗaya ne a saman bene, ƙasansa mai gyaran waya. A ciki akwai fitilu biyu masu lema, da kujera mai laushi wadda aka tokare ƙafarta ɗaya da tsohon littafi, da wani farin bargo da ya ga jarirai fiye da wata ungozomar. Duk matar da ta haihu a unguwar, da zarar ta iya hawa matakala, sai ta hau da jaririnta, ta sauko da shaidar cewa tana son sa.

Sirrin aikin bai taka kara ya karya ba. Mai Hoto ta daɗe da gane cewa mai jego ba ta iya kallon ɗanta a gaban kyamara. Ka ce mata ta kalli idonsa, sai ta tuna rabonta da barci, ko ta hango kwantsa ta kai hannu, ko ta washe baki kamar mai tallar man goge haƙori. Saboda haka ita ba ta cewa a kalli ido.

"Sunkuyar da kai kaɗan, maman yaro," haka take cewa. "Kar ki kalli idonsa, kalli kunnensa. Saki kafaɗarki. Yauwa, fitar da numfashi a hankali."

Ƙyas! Sai hoto ya fito, miji ya gani ya yi shiru, kaka ta gani ta share ido da gefen mayafi. Babu wanda ya taɓa dawowa ya ce an cuce shi.

Da nata cikin ya zo, bayan shekara huɗu da aure, kowa cewa yake wannan yaro ya yi dacen uwa. Ita ma haka ta ɗauka. Ranar da aka ɗora mata shi a ƙirji, jiƙe, yana tsala ihu, ta rufe ido ta jira abin nan da mata ke ba ta labari a shago, wanda suke cewa yana zubo wa mutum lokaci guda har ya manta wahalar naƙuda. Ta jira. Abin da ta ji kawai shi ne yaron yana da nauyi, yana da ɗumi, ita kuma tana jin ƙishirwa. Ta ce a ranta wataƙila sai an jima. Ana cikin haka mijinta ya shigo da waya a ɗage zai ɗauke su hoto. Kafin ta yi wani tunani kanta ya sunkuya, kafaɗarta ta saku, idonta ya sauka a kan ɗan kunnen. Aiki ya riga ya bi jiki.

Shi mijin nata fosta yake bugawa, da allunan talla, da manyan ƙyallayen nan da ake ɗaurawa a bakin titi. Mutumin kirki ne, ba shi da mugun nufi ko kaɗan, sai dai yana da ciwo ɗaya irin na masu sana'arsa: duk abin da ya fito a takarda da kala mai kyau, to a wurinsa gaskiya ne. Shi ya laƙaba wa yaron Manaja, wai tun da ya shigo gidan babu mai ci babu mai barci sai da izininsa. Sunan ya bi yaron, ya haɗa da iyayensa, ita ta koma Maman Manaja, shi Baban Manaja. Mahaifiyarsa kuma, wadda duk gidan ke kira Mama, ta taho ta zauna da su don ta kama mata aiki. Mama da abu biyu take auna lafiyar mai jego: nono na zuwa, yaro na ƙiba. Duka biyun Mai Hoto ta ci jarrabawa.

Kuma a gaskiya ba abin da ta rage wa yaron. Ta yi masa wanka, ta shafa masa mai, ta canza masa ƙunzugu, ta ba shi nono a kan lokaci, kamar ma'aikaciyar da aka ce za a zo duba aikinta. Amma da ya kama nono sai ta ɗaga kai ta zuba wa fanka ido. Ta san fankar nan fiye da yadda ta san fuskarsa: fiffike ɗaya ya ɗan lanƙwashe, akwai yanar gizo a wuyanta. Abinci ya daina yi mata ɗanɗano. Da hantsi, idan Mama ta karɓe shi, sai ta shiga banɗaki ta buɗe famfo, ta kifa bokiti ta zauna a kai, ta yi kuka mai isarta ba tare da ta san abin da take yi wa kukan ba. In ta fito Mama ta ce, "Ke kam, 'yar nan, akwai ki da son wanka."

Kunya ce ta fi cin ta. Ba ƙin yaron take ba, da ƙi ne ma da ta san tana jin wani abu. Gani take kamar ɗan maƙwabta aka ba ta riƙo, uwarsa ta ce yanzu za ta dawo, kuma har yau shiru.

Sau biyu ta gwada faɗa. Na farko suna ninke kayan shanya ita da Mama.

"Mama, ke da kika haifi Baban Manaja, nan take kika ji kina son sa?"

Mama ta ajiye 'yar rigar da ke hannunta, ta dube ta ta saman tabarau. "Wace irin tambaya ce wannan? Shi wannan ai ba a koya wa mace. Yunwa ce ke sa ki surutu, tashi ki ci abinci."

Na biyu da safe ne, mijinta yana ɗaura igiyar takalmi zai fita.

"Baban Manaja, ni fa kwana biyu ba na jin daidai."

"Ɗinkin ne?"

"A'a, raina ne. Ba na jin daɗin komai. Har shi yaron ma..."

Bai bari ta kai ƙarshe ba. Ya yi dariya, ya ciro waya, ya kara mata a fuska. "Ke? Don Allah dubi nan. Dubi wannan fuska. Jiya na nuna wa mutanen wurin aiki, wani tuzuru har rantsuwa ya yi bana sai ya yi aure. Gajiya ce kawai, ki samu ki kwanta."

Ta kalli hoton. Aikinta ne, kuma ba ƙaramin kyau ya yi ba. A sati na uku ta ɗauke shi, da Mama ta matsa a aika wa dangi. Ta kafa kyamara a kan ƙarfenta mai ƙafa uku a falo, kusa da taga, ta ba kanta daƙiƙa goma ta zauna ta sunkuya. Jan ido da baƙin da ke ƙarƙashinsa a kwamfuta ta goge su, don ba ta iya sakin aiki da datti. Wato da hannunta ta haɗa shaidar da ake ƙaryata ta da ita, kuma ba ta yi ha'inci ba.

A sati na biyar, wata rana da azahar, Mama ta fita sayo magani. Yaron yana kan gado yana kuka, kukan nan da ba yunwa ba, ba jiƙa ba. Ita dai Mai Hoto ta tsinci kanta a bakin ƙofar falo, takalmi a ƙafa, jaka a kafaɗa. Tashar bas tana nan a kwanar layi. Ta yi tunani, a natse ƙwarai, cewa gidan nan ba zai rasa komai ba: Mama ta iya raino, akwai madarar gwangwani a kanti. Tana nan tsaye har ƙofar maƙwabta ta buga da ƙarfi, sannan ta dawo hayyacinta. Ta cire takalmin, ta koma ta ɗauke shi.

Daga ranar ta fara tsoron kanta. In ta faɗa, tana gudun a ce ta zare a ƙwace shi, ko a bar mata shi a riƙa kallonta da wutsiyar ido har ya girma. In kuma ta yi shiru, ta san wata rana ba za ta cire takalmin ba.

Ranar da yaron ya cika sati shida, mijinta ya kai su asibitin unguwa don awo da allurar rigakafi. Tun a hanya yake murmushi shi kaɗai, yana kaɗa yatsa a kan sitiyari. Da ya sauke su a bakin ƙofa ya ce, "Zan kai wani aiki in dawo. Idan kin shiga, Maman Manaja, ki ɗaga kai."

Ta karɓi kati mai lamba talatin da ɗaya, ta ratsa dogayen bencina cike da mata da jakunkunan kayan jarirai, ta sami gefe ta zauna. Sannan ta ɗaga kai.

Ga ta nan a bango, tsawon ƙofa, tsakanin fostar wanke hannu da ta gidan sauro. Kai a sunkuye, hasken taga a kumatu, yaro ya yi lamo a ƙirjinta. A ƙasa an rubuta da manyan baƙaƙe: KOWACE UWA TA SAN WANNAN FARIN CIKI. Ashe asibitin ne ya ba mijinta aikin fosta, aka ce ya samo hoton uwa da jariri, shi kuwa ya ga ina zai je nema alhali yana da ta gida. Bazata ya shirya mata, kuma da zuciya ɗaya ya yi. Kalar ma ta zauna daidai, ta lura, bai cika ja ba.

Ta ja mayafi ta rufe rabin fuska, amma wahalar banza ta yi. Babu wanda ya gane ta. Ina matar bango, ina wannan mai ƙasusuwan wuya a waje da ɗankwali a karkace? Wata a bayanta ma cewa take, "Irin waɗannan daga intanet suke ciro su. Ina kika taɓa ganin mai jego da ido fari tas haka?"

"Masu 'yan aiki ne," in ji ta kusa da ita. "Ni ma a ba ni barcin awa takwas ki ga kyau."

A gefen Mai Hoto akwai wata matashiya, ba za ta wuce ashirin da biyu ba, da kati mai lamba talatin da biyu. Jaririyarta na shan nono, ita kuwa idonta daga fanka sai fosta, daga fosta sai fanka. Can ta matso, ta yi ƙasa da murya.

"Anti, don Allah in tambaye ki, kar ki ji haushi. Ke ma haka kike ji? Kamar waccan?"

"Sosai" tana kan harshen Mai Hoto, a shirye, don ita ce amsar da ba ta jawo wata tambaya. Amma ta ga yadda matashiyar ta riƙe 'yar, daidai ƙa'ida, ba kuskure ko ɗaya, kuma ta san wannan riƙon.

"Waccan ni ce," ta ce.

Matashiyar ta dubi bango, ta dube ta, ta sake duban bango. "Haba Anti, ban da zolaya."

"Riƙe mini jakar nan."

Ta gyara zama. Ta sunkuyar da kai kaɗan, ta saki kafaɗa, ta fitar da numfashi a hankali. Nan take matar bango ta sauko ta zauna a kan benci, da ramarta da karkataccen ɗankwalinta. Ta riƙe fuskar na ɗan lokaci, sannan ta ɗago, fuskar ta tafi. Matashiyar ta saki baki.

"Kunnensa nake kallo," in ji Mai Hoto. "Ranar da na ɗauki hoton nan, awa guda na yi ina kuka a banɗaki. Jan idon a kwamfuta na goge shi. Sana'ata ce."

"To ke ma ba kya...?"

"Ba na jin komai, ƙanwata. Yau sati shida ke nan."

Karon farko ke nan da maganar ta fita duka daga bakinta, kuma ba abin da ya faru. Rufi bai faɗo ba, mai kiran lamba bai daina kira ba. Matashiyar ta kwashe da dariya, dariyar ta juye ta zama kuka, ta toshe baki da mayafi.

"Wallahi na ɗauka ni kaɗai aka halitta ba zuciya," ta ce. "Tun da na zauna nake kallon matar nan ina cewa ni me na yi wa Allah."

Mai Hoto ta tuna falo nawa ne a unguwar nan aikinta ke rataye, da mata nawa ke shayarwa a ƙarƙashin hotunan kansu. Wataƙila yawancinsu lafiya lau suke. Amma ba ta taɓa tambayar ko ɗaya ba, ita dai a saki kafaɗa. Wata sabuwar kunya ta kama ta, dabam da wadda ta saba.

"Talatin da ɗaya!"

Nas ɗin babbar mace ce, tabaranta na rataye da igiya a wuya, hannunta ya saba da sauri. Ta ɗora yaron a sikeli, ta yaba, ta rubuta. Ta kama cinyarsa ta soka allura. Yaron ya ɗauke numfashi, ya yi ja, sannan ya saki wata irin ƙara. Sai Mai Hoto ta ji wani abu ya tsarga mata a ƙirji, ɗan ƙarami, mai zafi. Ba ƙauna ba ce, ta san haka. Haushi ne. Haushin matar nan ta ji, da ta soke shi ba ko sannu. Ta miƙa hannu ta karɓe shi tun kafin a ba ta. Abin bai daɗe ba ya wuce, amma ta shaida ya zo.

Nas ta jawo wata takarda mai jerin tambayoyi, ta ɗora tabarau, ta dubi sunan da ke jikin kati. Sai fuskarta ta washe.

"Lah, ashe ke ce matar mai fosta! Jiya da ya zo mannawa sai da ya tara mu ya ba mu tarihinki. Sannu, uwa ta gari. Ke kam ba sai na ɓata miki lokaci ba." Ta fara bin layi da biro tana karantawa tana ba kanta amsa. "Barci, lafiya. Cin abinci, lafiya. Kuka ba dalili, babu. Jin ba ki da amfani, ina! Tunanin..."

Mai Hoto na kallon biron yana gangarawa. Saura layi uku a sallame ta, ta fita da takardar asibiti mai hatimi cewa lafiyarta ƙalau, ta haɗa da fosta. Ba sai ta yi ƙarya ba ma, an hutar da ita. Ta gyara yaron a hannun hagu, ta ɗora tafin dama a kan takardar.

"Sista, ki tambaye ni."

Nas ta ɗago. Ta dube ta, irin duban da ba a yi mata ba tun da ta haihu, daga wuya zuwa ido. Ta zare takardar ta ninke ta jefa a kwando, ta ciro sabuwa, ta miƙe ta tura ƙofa.

Wannan karon a hankali aka bi layin. Mai Hoto ta faɗi maganar famfo da bokiti. Ta faɗi ta takalmi da jaka, tana faɗa tana jiran ta ga an ja baya. Nas rubutu kawai take.

"Wannan ciwo ne, 'yar'uwa," ta ce da ta gama. "Kamar hawan jini. Yana kama mata da yawa bayan haihuwa, kuma ba ya duba mai kirki da marar kirki. Ana magani, ana warkewa. Laifina ne da na cike miki."

"Za a karɓe shi?"

"A karɓe shi a kai wa wa? Ni nawa huɗu sun ishe ni. Likita za ki gani yau, ƙofa ta uku, kuma gara ku shiga da maigidan."

Mai Hoto ta miƙe. A bakin ƙofa ta juyo. "Sista, mai lamba talatin da biyu. Ita ma ki tambaye ta."

Da ta fito, mijinta ya riga ya dawo. Yana tsaye a gindin fostar, baki har kunne, yana nuna wa wani mai shara inda aka haɗa ƙyallen ba a ga alamar haɗi ba. Da ya hango ta ya buɗe hannu.

"Kin gani? Na ce miki ki ɗaga kai!"

"Na gani. Aikin ya yi kyau." Ta zo ta tsaya daf da bangon, don nan ne kawai babu mutane. "Baban Manaja, ba ni da lafiya. Likita na son ganinmu, ni da kai."

Ya buɗe baki zai yi dariya, amma dariyar ba ta fito ba. Mutum ne da ya shekara goma sha biyar yana ɗora bugu kusa da asali yana neman inda suka saɓa, kuma yau ga su gefe da gefe a ƙarƙashin fitila ɗaya. Idonsa ya hau bango, ya sauko kanta. Ya daɗe a kan wuyanta, da hannun rigar da ya yi mata yawa.

"Yaushe kika rame haka?" ya ce, muryarsa ta yi ƙasa.

"A gabanka."

Bai kare kansa ba. Ya karɓi yaron, ya karɓi jakar ya rataya a wuya, ya tambayi wace ƙofa ce. Akwai mutum biyu a gabansu. Ya matsa mata wuri, ya zauna a bencin mata, shi kaɗai namiji a layin, gwiwarsa na taɓa tata, suna jira a kira su.